Jawabi a kan zaɓen cike gurbi na Damagaram, 1959

Dattawanmu, iyayenmu mata, da ƴan'uwa ƴan ci-rani na Yamai, da Kano, da Agadas, muna gaishe ku, muna yi muku barka da zuwa. Allah ya ja kwanan dattawa.

Shugabannin ƙungiya sun ce mu yi magana a kan wani abu daga tarihin ƙasarmu. Mun ɗauko zaɓen cike gurbi da aka yi a Damagaram cikin 1959. Amma kafin nan sai mu koma baya kaɗan, don a gane mafarinsa.

Ran 28 ga Satumba 1958, Janar Dugol ya tambayi ƙasashen da ke hannun Faransa: za ku zauna tare da mu, ko kuwa? Djibo Bakary, shugaban partin Sawaba, mai alamar raƙumi, shi ke riƙe da gwamnati a Yamai. Ya ce a jefa "A'a". Partin RDA na Diori Hamani, mai alamar giwa, ya ce a jefa "I". Gwamna Colombani da sarakuna da dama suka bi bayan "I", kuma ita ta ci, da wajen kashi 78 cikin 100. Djibo ya sauka, aka rushe majalisa.

Ran 14 ga Disamba aka sake zaɓen ƴan majalisa, kujera 60. A tsarin lokacin, kowane parti yana kawo jerin sunayen mutanensa a takarda guda, mai launinta da alamarta. Mai zaɓe ya ɗauki wadda ransa ke so, ya sa a ambulan, ya jefa cikin akwati. Jerin da ya fi ƙuri'a shi ke kwashe kujerun yankin gaba ɗaya. RDA da abokan ƙawancenta suka samu 49. Sawaba ta samu 11, a Tasawa da Damagaram. Ran 18 ga watan aka kafa Jamhuriya, Diori ya zama shugaban gwamnati, Boubou Hama shugaban majalisa.

To, ba a daɗe ba sai aka soke zaɓen yankunan nan biyu, aka ce an samu kurakurai. Kujerun Tasawa aka miƙa su ga masu rinjaye. Na Damagaram aka ce a sake, cikin watan Yuni 1959. Wannan shi ne zaɓen cike gurbin. Takardar RDA kaɗai aka buga. Sawaba, don gudun tashin hankali, ba ta tsai da kowa ba, ta ce wa mutanenta su zauna gida. Da aka gama, kujeru 60 duka suka koma hannu ɗaya. Cikin Oktoba na shekarar aka hana partin Sawaba.

Jama'a, ku duba abin da ya biyo baya. Mun samu ƴancin kai ran 3 ga Agusta 1960 da majalisa mai baki ɗaya. A 1965 da 1970 jeri guda aka kawo wa talakawa. A 1964 waɗansu ƴan Sawaba suka shigo da makamai, aka yi asarar rayuka, aka cika gidajen kaso. Soja suka karɓi mulki ran 15 ga Afrilu 1974. Sai bayan Babban Taron Ƙasa na 1991 partoci suka dawo sosai, har ɗan Damagaram, Mahamane Ousmane, ya ci zaɓen shugaban ƙasa a 1993. Ƙofar da aka rufe rana ɗaya, sai da aka yi fiye da shekara 30 kafin a buɗe ta.

Ba mun kawo wannan don tone-tone ba ne. A nan akwai jikokin ƴan giwa, akwai jikokin ƴan raƙumi, kuma an yi auratayya, an zama ɗaya. Abin lura shi ne wannan: akwati da ambulan ba su ne zaɓe ba. Zaɓe shi ne a ajiye wa mutum takarda biyu, in ya ɗauki wadda ba mu so, mu haƙura. Wanda aka hana shi magana a dandali, a ɓoye zai yi ta.

Ga kujerar ma'ajin ƙungiyarmu babu kowa, za a cike ta bayan girbi. Kuɗin rijiya da na gyaran aji duk a hannunsa za su zauna, kuma yawancinsu gumin ƴan ci-rani ne. Muna roƙon abu 3. Duk mai so ya tsaya, a rubuta sunansa. A sanar da na nesa tun da wata guda, don kada a yi aski bayan idonsu. A ƙirga ƙuri'a a gaban kowa, wanda ya ci a bar masa, ko ɗan gidan wa ne.

Dattawa, ku ne masu gyara. Allah ya ba mu damina mai albarka, ya mai da kowa gidansa lafiya.