Burodi, Soyayya da Talaucin Italiya

A shekarar 1953 Luigi Comencini ya fitar da fim ɗin Pane, amore e fantasia, wato burodi, soyayya da mafarki. Vittorio De Sica ya fito a shugaban jandarmomin wani ƙauyen kan dutse, dattijo mai neman mata, Gina Lollobrigida kuwa budurwa ce matalauciya mai jaki. 'Yan kallo sun yi tururuwa, amma masu sharhi suka ce an shafa wa talauci zuma, an bar turbar finafinan gaskiya irin Ladri di biciclette, wanda De Sica da kansa ya ba da umarninsa a 1948.

Zargin yana da tushe, domin talaucin da ya zo da kyakkyawar fuska ba ya tayar da hankali. Sai dai ni a ganina yunwar ba ta ɓuya ba. Budurwar ba takalmi take yawo, rigarta a yage. Akwai inda aka tambayi wani talaka abin da ya sa cikin burodinsa, ya nuna cewa mafarki ne kawai. Mutanen da suka fito daga yaƙi sun san wannan gayan burodin, shi ya sa suka cika gidajen sinima.