Tatsuniyar Bature a Zauren Bahaushe: Koyon Turanci ta Hanyar Fim

Jawabin da kwamitin ilimi ya gabatar a taron iyaye na ƙungiya, Yelwa, Bauchi

 

Aikin da aka ɗora mana shi ne mu duba dalilin da ya sa Turanci ke kayar da 'ya'yanmu a jarrabawa, mu kuma zo da shawarar da ba ta fi ƙarfin aljihunmu ba. Mun zauna, mun tattauna, kuma shawarar da muka zo da ita mai yiwuwa ta ba wasu mamaki, domin kuwa maganar kallon fim ce. Muna roƙon a yi haƙuri a ji mu har ƙarshe.

Jama'a, mu dubi inda Allah ya zaunar da mu. Ga Jami'ar Abubakar Tafawa Balewa nan a bakin ƙofarmu, wadda aka kafa a 1980, ta samu wannan suna a 1988. Ga babbar kwalejin fasaha ta tarayya a Gwallameji, ga kwalejin aikin gona. Ɗalibai na tasowa daga Legas, daga Inugu, daga Makurɗi, su kama haya a gidajenmu, su sayi shayi da tsire da kayan miya a hannunmu, su gama su tafi da takardarsu. Yaron da aka yanke wa cibiya a Yelwan Tudu kuwa, sau da yawa iyakarsa bakin get, yana jiran fasinja a kan babur. Wannan shi ne ga ƙoshi ga kwanan yunwa. In ka bincika, ba ƙwaƙwalwa ya rasa ba. Jami'a na neman kiredit biyar a WAEC ko NECO, dole Turanci na ciki. A jarrabawar JAMB ma, cikin darussa huɗu, Turanci ne kaɗai ba a ba kowa zaɓi a kansa. Ga shi kuma da Turancin ake tambayar lissafi da kimiyya.

To me ya jawo? Wani ɓangare na amsar abin alfahari ne, amma ya zame mana tarko. Iyayenmu sun zo nan daga Kano, Katsina, Zazzau, Haɗeja da sauran wurare, suka tarar harshensu ya riga su isowa. Basayi Hausa yake yi mana, Bajari haka, Inyamuri mai kanti da Bayarabe mai gyaran mota duk da Hausa suke ciniki da mu. Saboda haka yaronmu zai wayi gari ya kai dare kunnensa bai ji jimla goma ta Turanci ba, in ban da 'yan mintocin darasi a ajin da ya cika ya batse. Harshe kuwa ta kunne yake fara shiga. Babu wanda aka koya wa nahawun Hausa kafin ya ce "Inna, zan sha ruwa."

Mun san wannan tun ba yau ba. Waɗanda suka taso a Kano zamanin siliman Plaza da Orion da Eldorado sun san samarin da suka iya Indiyanci ba su taɓa taka Bambai ba, ba malami, ba littafi, sai maimaita kallo kawai. Amma yau abin ya sauya. Masu fassara sun ƙware, fim ɗin Indiya, na Cana, na Amurka, duk an ɗora musu muryar Hausa, yaro ya je shagon masu turawa a cika masa memori da kuɗi kaɗan. Sana'a ce, ba mu kushe ta ba, amma ta toshe 'yar tagar da wani harshe ke shigowa ta ciki. A Turai an ga irin wannan. Ƙasashe kamar Holan da Suwidin ba su cika ɗora murya a finafinan Amurka ba, sai dai su sa rubutu a ƙasan allo, kuma an san mutanensu da iya Turanci fiye da na Faransa da Italiya da Sifen, inda ake sauya muryar gaba ɗaya.

Tunda kallon nan ana yin sa, ko mun so ko mun ƙi, shawararmu ita ce mu karɓi ragamarsa mu mai da shi darasi.

Wani zai ce, to don me finafinan almara, na aljannu da dodanni da sarakunan da? Dalilanmu uku ne.

Na farko, yaron Bahaushe ya san hanyar labarin tun kafin a kunna. Wanda aka raina da Gizo da Ƙoƙi, da 'yar bora da 'yar mowa, wanda ya karanta Ruwan Bagaja da Magana Jari Ce na Abubakar Imam, ko Iliya Ɗan Maiƙarfi, ba baƙo ba ne a wannan fage. Ku ɗauki The Lion King na 1994: baffa ya kashe ɗan'uwansa ya haye gadon sarauta, yarima ya gudu daji, ya girma ya dawo ya karɓi gidan ubansa. Wace kaka ce ba ta da irin wannan a bakinta? Aladdin, na 1992 da sabon na 2019, ai Alauddin ne da fitilarsa na cikin Dare Dubu da Ɗaya. Harry Potter na farko, na 2001, maraya ne da ake gallaza wa a gidan 'yar'uwar mahaifiyarsa. In yaro ya riga ya san inda labari ya dosa, hankalinsa ba ya rabuwa biyu, sai ya koma kan kalmomin.

Na biyu, a irin waɗannan finafinai abin da aka faɗa shi ake nunawa. In an ce sword, ga takobi an zare. In an ce run, ga mutane sun ranta a na kare. Gani ya kori ji, ba sai an buɗe ƙamus ba. Fim ɗin kotu ko na siyasa kuwa surutu ne zalla, wanda bai iya ba sai barci.

Na uku, yara ba su gajiya da maimaita su, kuma maimaici shi ne uban karatu, duk wanda ya yi makarantar allo ya san haka. Shirin Merlin da BBC ta yi daga 2008 zuwa 2012 kashi 65 ne, mutanen ciki su ne dai, fadar ita ce dai, kalmomin suna ta dawowa har su zauna. A 2009 wasu masana biyu, Stuart Webb da Michael Rodgers, sun tattara maganganun da ke cikin finafinai 318, suka gano cewa wanda ya san tushen kalmomi kamar 3,000 da aka fi amfani da su, haɗe da sunaye, zai gane kusan kashi 95 cikin 100 na abin da ake faɗa. Kalma 3,000 ba dutsen da ba ya hawuwa ba ne. Goma a rana, cikin shekara guda an wuce wurin.

Akwai kuma maganar lafazi. Bakinmu na cakuɗa p da f, da kuma b da v, sai ka ji pan ta koma fan, very ta koma berry. WAEC na da takarda sukutum a kan sautukan Turanci, kuma yaron da bai taɓa jin bambancin da kunnensa ba sai dai ya yi canki-canka.

Yanzu bari mu zo inda gizo ke saƙa, domin mun san abin da ke zukatan iyayenmu malamai. Waɗannan finafinai cike suke da sihiri da bokaye, kuma addininmu ya haramta sihiri, babu ja a kan wannan. Abin da muke cewa shi ne, an daɗe ana karanta labarin aljannu da aku mai magana a makarantunmu, kowa ya san ƙaga shi aka yi. Haɗarin yana ga yaron da ke kallo shi kaɗai cikin dare da waya a ƙarƙashin bargo, ba mai ce masa wannan ƙarya ce, wannan dabarar kwamfuta ce, wannan kuma ba ɗabi'armu ba ce. Don haka muka sa sharuɗɗa. Ba za a nuna fim ba sai babba ya kalle shi tukuna daga farko har ƙarshe, kuma muna roƙon a ba mu malami ɗaya daga masallaci ya zauna cikin masu zaɓe. Ba duk almara ce ta yara ba. Irin su Game of Thrones cike suke da tsiraici da zubar da jini, ba za su shigo ba ko kusa. Ba za a taɓa lokacin salla ko na Islamiyya ba. Uban da zuciyarsa ba ta kwanta ba kuwa, ba a tilasta masa. Akwai shirye-shiryen namun daji da za a iya sa wa nasa yaran, hanyar koyarwar duk ɗaya ce.

Ga yadda zaman zai kasance. Ba fim guda za a zuba musu ba, minti goma zuwa sha biyar ya isa. Kafin a kunna, malami zai ba da labarin wurin a taƙaice da Hausa, ya rubuta kalmomi goma a allo. Kallon farko da muryar Turanci, rubutun ƙasa ma na Turanci, ba tsayawa. Kallo na biyu ana tsayarwa, yara na maimaita jimla da baki ɗaya kamar yadda ake biya karatu. Kallo na uku a kashe rubutun, kunne ya yi aikinsa. Daga nan a tashi yara biyu ko uku su kwaikwayi abin da suka gani, wannan sarki, wancan bafade, da nasu guntun Turancin, ba dariya, ba bulala. A ƙarshe kowa ya rubuta layi biyar kan abin da ya faru. Wannan rubutun shi ne gadar da ke kai wa ga jarrabawa, domin fim ba ya koyar da rubuta wasiƙa ko taƙaita labari, sai an haɗa da alƙalami da littafi.

Mun ɗan gwada da yaran gidajenmu kafin mu zo gabanku, kuma mun yi kuskuren da ba mu so a maimaita. Da The Lord of the Rings muka fara, saboda sunansa. Ashe kowane kashi awa uku ne, Turancin kuma irin na dattawan da, kafin a yi nisa rabin yaran sun yi barci. Da muka koma kan Merlin sai zaure ya farka, har wani ƙaramin ya fara ce wa kakarsa my lord in ta aike shi. A nan malami zai ja kunne: wannan maganar fada ce, kuma kalmomi irin su muggle da hobbit marubutan ne suka ƙago, kada a kai su cikin takardar jarrabawa.

Abin da muke nema daga ƙungiya kaɗan ne. Zaure biyu, ɗaya na maza, ɗaya a cikin gida na 'yan mata, malama ce za ta kula da shi, kuma matan aure da ke son koyo ƙofa a buɗe take. Talabijin mai karɓar memori, da ɗan abin da za a sayi mai ko a haɗa sola. Zama sau biyu a mako, Asabar da Lahadi da hantsi. Malamai kuwa muna da su: 'ya'yanmu da suka samu shiga jami'a da kwaleji, da masu bautar ƙasa, da ma ɗaliban da ke haya a gidajenmu, in an roƙe su da mutunci. Bayan wata uku mu dawo nan, a tashi yaran a gabanku su yi magana, ku yanke hukunci da kanku.

Ga mai tsoron kada Turanci ya cinye Hausa, sai mu tuna masa da wanda jami'ar nan ke ɗauke da sunansa. Malam Abubakar Tafawa Balewa malamin makaranta ne a Midil ta Bauchi. Turancinsa ne ya sa aka yi masa laƙabi da mai muryar zinariya, kuma shi ya tsaya gaban Majalisar Ɗinkin Duniya a watan Oktoba na 1960 ya yi magana da sunan Nijeriya. Amma da ya tashi rubuta littafi, Shaihu Umar, da Hausa ya rubuta, har aka mai da shi fim a 1976. Ɗaya bai hana ɗaya ba. Kaka ta ci gaba da tatsuniyarta da dare, mu kuma mu ari ta Bature da rana.

Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Duk mai zauren da zai bayar, ko mai talabijin da ba ya amfani da ita, ya ga sakataren kwamiti bayan an tashi. Abin da muka faɗa daidai, Allah ya ba mu ladarsa baki ɗaya, inda muka yi kuskure a yafe mana. Allah ya raya mana zuri'a, ya ba mu zaman lafiya da maƙwabtanmu, ya mai da kowa gidansa lafiya.