Jawabin Sakataren Ƙungiya a Kan Kuɗin Katako da Ake Gani an Cire Daga Asusu

 

Mai girma Sarkin Hausawa, malamanmu, dattawa, iyayenmu mata da sauran 'yan'uwa mazauna Sabo, ina yi muku barka da zuwa. Shugaba ya umarce ni in yi bayani a kan wata matsala da ta zo ofishin ƙungiya har sau uku, kuma duka ukun da sunan masu sayar da katako ta zo.

Na farko wani dattijo ne mai sayar da goro. Ya shigo rai a ɓace, riƙe da takardar bayanin asusunsa, wadda muke kira sitatimen. Ɗansa ya karanta masa cewa an cire naira dubu 60 da 'yan kai an biya wani kamfanin katako. Ya rantse mini ko falanki ɗaya bai saya ba tun da ya yi rufin ɗakinsa, kuma da a ce na bar shi, da ya tafi banki ya yi musu tas. Na ce Baba a zauna tukuna. Muka duba kwanan wata, sai ga shi ranar Juma'a ce. Na tambaye shi inda ya ciri kuɗi a ranar. Ya yi shiru, can ya ce wurin yaron nan mai POS na bakin masallaci, dubu 60 ya karɓa. Da muka je, ashe na'urar ta maigidan yaron ce, mai rumfa a kasuwar katako ta Bodija, wadda Yarbawa ke kira Iso Pako. 'Yan kan kuwa ladan yaron ne. Ba wanda ya ci wa Baba ko kwabo.

Abin lura a nan, jama'a, banki ba ya rubuta sunan wanda ya miƙo maka kuɗi ko kaya. Sunan da aka yi wa na'urar rajista da shi, shi ne yake fitowa, wani lokaci ma a gutsure. Saboda haka kafin ka ce an yi maka sata, dubi rana, dubi adadin kuɗin, ka tuna inda katinka ya kwana. Haruffan DR a takardar suna nufin kuɗi sun fita, CR kuma sun shigo. Ni kaina sai da na yi furfura na san wannan, a ajin yaƙi da jahilci, don haka kada kowa ya ji kunyar tambaya.

Ta biyu ita ce ta fi ba ni tausayi. Wata baiwar Allah ce da mijinta ya rasu, tana gyaran rufin gidan marayu kafin damina. Ta bi kafinta kasuwa aka zaɓi tu-bai-tu da tu-bai-fo, aka yi ciniki a kan naira dubu 140. An sa kati, na'ura ta ce bai yi ba. Aka sake sawa, ya yi. Sai da ta dawo gida alat biyu suka shigo, an cire dubu 280. Ta koma wurin mai katako, ya buɗe littafinsa ya nuna mata sau ɗaya kuɗi suka shigo masa, kuma gaskiyarsa ce. Kuɗin sun maƙale ne tsakanin bankinta da bankinsa.

Irin wannan akwai ƙa'ida a kansa. A watan Yuni na shekarar 2020 Babban Bankin Nijeriya, wato CBN, ya umarci bankuna su warware matsalar cinikin POS da bai tafi ba cikin awa 72, kwana uku ke nan. Abin da ya taimaki wannan baiwar Allah shi ne ba ta yar da ƙaramar takardar nan da na'ura ta fitar a karon farko ba, ta ƙulle ta a bakin zane. Da ita muka je bankinta, ba bankin mai katako ba, domin wanda ke riƙe da asusunka shi ne zai bi maka haƙƙinka. Muka cike fom, muka haɗa da hoton rasit ɗin biyu. Ba a cika kwana ukun nan daidai ba, sai da muka koma sau biyu, amma kuɗinta sun dawo, an kuma gama rufi.

Na uku kuwa sata ce tsagwaronta, kuma har yau muna kai. Wani matashi mahauci aka kira a waya, aka ce daga banki ne, za a rufe masa asusu idan bai gyara BVN ba. Ya karanto musu lambobin jikin katinsa, aka turo masa wata lamba ta waya, ita ma ya karanto. Kafin la'asar an yi sayayya da kuɗinsa a wani shagon kayan gini da katako a garin da bai taɓa takawa ba. 'Yan'uwa, banki ba ya tambayar lambar sirri, ko a waya ko a kan kanta. Duk wanda ya tambaye ka ita ɓarawo ne, ko da Hausa ya yi maka sallama. Na faɗi haka ne don da Hausa aka yi wa yaron nan magana, shi ya sa ya saki jiki. Ba zan ɓoye muku ba, idan da bakinka ka ba da lambar, dawo da kuɗin yana da wuya ƙwarai. Duk da haka sai a kai ƙara, kuma a kai da wuri, tun kuɗin ba su yi nisa ba.

To, idan ka duba ka tabbatar ba kai ka yi cinikin ba, fara da toshe katin nan take. Bankuna suna da lambar da ake dannawa a waya don haka, kowa ya tambayi ta bankinsa ya rubuta ya ajiye. Sannan ka je banki ka kai kuka a rubuce. Na ce a rubuce, domin mutanenmu sun saba su tsaya gaban ma'aikaci su yi bayani da baki, a ce musu a dawo gobe, gobe kuma a tarar da wata fuskar. Ka sa sunanka, lambar asusu, rana, adadin kuɗi da sunan da ya fito a takarda. Ka yi kwafi biyu, a buga maka hatimi a ɗaya ka riƙe, ka kuma nemi lambar ƙorafi da za a riƙa bin maganar da ita. Idan sata ce, za su iya neman rahoton 'yan sanda ko takardar rantsuwa ta kotu.

Banki yana da mako biyu ya warware. Idan kuma kukan na cajin da bankin ya ɗora maka fiye da ƙima ne, ko na bashi, kwana 30 ne. In lokaci ya cika ba a yi komai ba, ko an yi abin da bai gamshe ka ba, kana da damar ɗaukaka ƙara zuwa sashen kare haƙƙin masu hulɗa da bankuna na CBN. Ba sai ka je Abuja ba, suna da reshe a nan Dugbe, kuma ba a biyan ko sisi. Amma za su tambaye ka shaidar cewa ka fara kai wa bankinka, nan ne kwafin nan mai hatimi zai yi maka rana.

Wani ya ce mini, Sakatare, mu baƙi ne, wa zai saurare mu? Na ce masa kakanninmu sun fi shekara ɗari a Sabo, kuma ko jiya ka sauka daga mota, ƙa'idar CBN ɗaya ce daga Sakkwato har Ibadan. Ba a tambayi takardar asalin jiha ranar da aka karɓi ajiyarka ba. Abin da ke kayar da mu shi ne rashin takarda da saurin cewa na bar wa Allah. Barin wa Allah alheri ne, amma kuɗin marayu ba naka ba ne balle ka yafe.

Iyayenmu mata, ina roƙo a daina ba kafinta ko yaron gida kati da lambar sirri a ce je ka sayo. A je tare, ko a tura kuɗin, a karɓi rasit mai sunan shago.

Wanda ba ya iya rubuta wasiƙar da Turanci ya same ni a ofishin ƙungiya bayan sallar la'asar, ya zo da sitatimen ɗinsa da rasit da wayar da alat ya shigo. Kada ya faɗa mini lambar sirrinsa, ni ma ba na so. Yanzu sai tambayoyi, Shugaba ya ce a fara da ɓangaren mata.