Injunan da ke haihuwar kansu: ina gaskiyar take?

 

Tun zamanin korona ake turo mini wani bidiyo a WhatsApp, wai an zuba ƙananan injuna a allurar rigakafi, suna hayayyafa a cikin jini. Wata hajiya ma ta tare ni da shi a wajen suna, shi ya sa na ce gara mu yi maganar a fili.

Wani injiniya Ba'amurke, Eric Drexler, shi ya yaɗa tunanin a littafinsa na 1986: injin da ido ba ya gani ya ƙera irinsa, shi ma ya ƙera wani, har su cinye komai kamar fara ta sauka a gonar gero. A 2003 jaridun Ingila suka ruwaito cewa abin ya dami Yarima Charles, sarkinmu na yanzu. Rahoton Royal Society na 2004 bai ga alamar za a iya ƙera irin wannan inji nan kusa ba. Abin da ya fi damun masanan shi ne ƙurar ƙananan ƙwayoyin da ma'aikata za su iya shaƙa.

Mafi kusa da aka kai shi ne a 2021, lokacin da masu bincike a Amurka suka haɗa ƙwayoyin halittar wani kwaɗon Afirka, suka ga suna tattara 'yan uwansu suna yin sababbi. A faranti ne, a ɗakin gwaji, kuma bayan 'yan zagaye abin ya tsaya.

Abin da ke cikin allurar korona ta Pfizer da Moderna ɗigon kitse ne mai ɗauke da saƙo. Ba ya haihuwa, jiki ke narkar da shi. Da irin wannan dabara ake kai maganin sankarar daji tun 1995, kuma ni a nan nake ganin alherin fasahar.

Mai haihuwar kansa da ke hana ni barci kuwa, ƙyanda ce. Yaro ɗaya zai iya harbar tara cikin goma na waɗanda ba su da rigakafi a kusa da shi. A Janairun 2024 hukumar lafiya ta Ingila ta yi shelar gaggawa a kanta, kuma Landan na cikin wuraren da rigakafin ya fi ja baya.

Iyaye mata, ku duba jan littafin yaranku a daren nan. Wadda ta ga babu allurar rigakafin ƙyanda sau biyu ta kira asibitin unguwarsu ranar Litinin. Mai tambaya kuma ta same ni bayan an ci abinci.