Jawabin Ƙaddamar da Fim ɗin Tarihin Diego Rivera



An haifi Diego Rivera a Guanajuato ta ƙasar Meziko a 1886, ya rasu a 1957. Ya shafe shekaru a Turai yana koyon zane, galibi a Faris, kuma da ya so da ya ƙare rayuwarsa yana sayar wa attajirai hotunan ƙawata falo. Ya koma gida a 1921, ƙurar juyin juya halin 1910 ba ta gama lafawa ba, talakawa kuma akasarinsu ba su iya karatu ba. Ministan ilimi, José Vasconcelos, ya buɗe wa masu zane bangon gine-ginen gwamnati domin wanda littafi ya gagara ya ga tarihinsa da idonsa.

Aikin ba na raggo ba ne. Ana yaɓe bango da farar ƙasa, a sa launi tun yaɓen yana ɗanye. Da ya bushe, launin ya zama jikin bango, babu gyara sai an kankare. Maginanmu masu zanen fuskar gida sun san irin wannan gaggawa. Haka Rivera ya yi ta fama a ma'aikatar ilimi daga 1923 zuwa 1928, yana zana manoma da masaƙa da mahaƙan ma'adinai, mutanen da a da ba a ganin sun isa a zana.

Amurka ma ta gayyace shi. A Detroit ya zana ma'aikatan masana'antar motoci, Edsel Ford ne ya biya. A New York kuwa, a 1933, ya sa fuskar Lenin a bangon ginin Rockefeller. Aka ce ya cire, ya ƙi. Aka sallame shi, aka farfasa zanen a 1934, shi kuma ya sake zana shi a birnin Meziko, da Lenin ɗinsa.

Ba waliyyi ba ne. Ɗan gurguzu ne mai karɓar kuɗin 'yan jari-hujja, kuma matarsa Frida Kahlo, wadda ya aura a 1929, ta sha baƙin cikinsa. Na yaba wa masu shirya fim ɗin da ba su rufe wannan ba. Sun kuma ɗauke mana wahalar zuwa Meziko, tunda zanen bango ba ya zuwa wa mutum, sai dai mutum ya je masa.

Da izinin shugaban taro, na ƙaddamar da wannan fim.