Gurasa da Zafin Tanderu

Yau zancenmu na gurasa ne.

Mukan kwaɓa garin alkama da yis da gishiri, mu rufe ya tashi. Sa'an nan mu hura wuta cikin tanderu. Kada mu yi gaggawa. Sai hayaƙi ya ƙare, jikin tanderu ya yi zafi ƙwarai, kana mu manna ƙullun. In zafin ya kasa, gurasa ta faɗa toka, gari ya tafi a banza. In ya isa, bayanta ya yi ƙamas-ƙamas, cikinta laushi. Haka mutanen Italiya ke gasa tasu, watau pizza, a tanderun bulo.

Mu barbaɗa ƙuli, mu zuba man gyaɗa da albasa. Mai haƙuri yakan dafa dutse.