Gari ko Gari: Ma'anar Kalma da Kimiyyar Kwantum a Duniyar Arbre



Ga kalma na rubuta a allo: gari. Matafiyi zai ce birni nake nufi. Uwar gida da ta aiki yaro inji da kwanon dawa za ta ce a'a, na tuwo ne. Rubutunmu na boko ba ya nuna karin sauti ko tsawon wasali, don haka ma'anonin biyu suna kwance cikin haruffa huɗun nan, har sai na furta, ko na ƙara "ya cika da baƙi" ko "ya ƙare a buhu". Ku riƙe mini wannan kalma, za mu dawo kanta.

A shekarar 2008 marubucin Amurka Neal Stephenson ya fitar da ƙagaggen labari mai suna Anathem, shafi sama da 900. Ya ƙirƙiro wata duniya, Arbre, inda aka killace masana a bayan ganuwa, babu kwamfuta, sai alli da allo. Wasu ƙofarsu na buɗewa shekara-shekara, wasu bayan shekara 10, wasu 100, wasu kuwa sai bayan 1,000. Masanan nan sun daɗe da rabuwa gida biyu. Mabiya Proc, waɗanda zan kira 'yan nahawu, sun ce kalma alama ce kawai, ma'anarta ita ce abin da mutane suka amince a kai. Mabiya Halikaarn, 'yan ma'ana, sun ce tunani yana kama wani abu na haƙiƙa da ke wajensa, kuma gaskiyar lissafi tana nan tun kafin a haifi mai lissafin. Jama'ar waje suna raɗe-raɗin cewa gwanayen gida na farko suna iya sauya abin da ya wuce ta hanyar sarrafa zance, na gida na biyu kuma suna juya abin da zai zo da rera waƙa. Bahaushen da ya san tsoron a yi wa mutum baki ba zai ji wannan baƙon abu ba.

Inda Stephenson ya burge ni shi ne bai bar abin a matsayin tsafi ba, ya nema masa tushe a kimiyyar kwantum, wato ilimin halayyar ƙananan halittu irin su ilektiron. A can ana iya samun ƙwaya a hali biyu lokaci guda, sai an auna ta a ga guda. A 1957 Hugh Everett, ɗalibi a Jami'ar Princeton, ya kawo fassarar cewa kowane sakamako yana faruwa, amma a reshensa dabam na duniya. Stephenson ya ɗora nasa gini a kai: ƙwaƙwalwarka tana da 'yan'uwa a rassan da ke maƙwabtaka, suna ɗan jin motsin juna, kuma daga wannan jiyayya ne tunani ke samun ma'ana, ya daina zama jera alamomi. Akwai wurin da tsoho Fraa Jad, ɗan rukunin shekara 1,000, ya tsaya gaban kullalliyar ƙofa ya danna lambobi da ka, ƙofa ta buɗe. Ai a cikin rassa masu yawa dole akwai wanda lambar ta dace, shi kuma ya iya zama a cikinsa da saninsa. A reshen da labarin ya ƙare kuwa, Jad ya riga ya mutu kafin a kai ga ƙofar.

To, mu koma allo. Mutum zai so ya ce gari ma haka yake, hali biyu har sai an auna. Amma kama da wane dai ba wane ba ne. Lokacin da na ɗauki alli na riga na san wanda nake nufi, ku ne ba ku sani ba. Ilektiron ba haka yake ba. John Bell ya nuna a 1964 cewa ana iya gwada ko ƙwayoyin suna ɗauke da amsarsu a ɓoye tun farko, kowace a inda take, kuma gwaje-gwajen da suka kai Clauser da Aspect da Zeilinger ga kyautar Nobel ta 2022 sun ce ba sa ɗauke da ita. Ƙwaƙwalwa kuma wuri ne mai ɗumi da danshi. Max Tegmark ya lissafa a 2000 cewa halin kwantum a cikinta yana wargajewa cikin kashi 1 bisa tiriliyan 10 na sakan ko ƙasa da haka, alhali jijiya na buƙatar kusan kashi 1 bisa 1,000 na sakan kafin ta aika saƙo. Ina faɗin wannan da ƙarfi domin na ga matasanmu masu basira suna jin kalmar kwantum a bakin masu tallar magani da masu alƙawarin arziki, suna ɗauka kimiyya ce ta yi magana.

Akwai dai wata alaƙa ta gaskiya. A 2010 Bob Coecke da Mehrnoosh Sadrzadeh da Stephen Clark, a Ingila, sun nuna cewa lissafin da ke bayyana yadda ƙwayoyin kwantum ke haɗuwa yana iya bayyana yadda ma'anonin kalmomi ke haɗuwa su ba da ma'anar jimla. Lissafin ne ɗaya, kamar yadda mudu ɗaya ke auna gero da gishiri.

Gardamar gidajen biyu kuwa ba a Arbre ta tsaya ba. Tun 1980 John Searle ya ce bin ƙa'idar jera alamomi bai isa ya haifar da fahimta ba. Yau ga na'ura a aljihun kowannenku, in kun rubuta mata "gari ya ƙare a buhu" za ta gane na tuwo ake nufi, ita da ba ta taɓa riƙe rariya ba. Ɗan nahawu zai ce shi ke nan, ma'anar ke nan. Ni zuciyata tana tare da 'yan ma'ana, kuma zan so masu nazarin harshe da ke nan su fara ja da ni a kan wannan.